Lin Dai, 'yar fim ɗin Hong Kong (1934–1964)

Lin Dai, wadda sunanta na yanka Cheng Yueru, an haife ta a lardin Guangxi na ƙasar Sin ranar 26 ga Disamba, 1934. Mahaifinta Cheng Siyuan shi ne sakataren Li Zongren, ɗaya daga cikin jiga-jigan gwamnatin Kuomintang. Wannan dangantaka ta yi mata tarnaƙi tun farko. Bayan ta koma Hong Kong a ƙarshen yaƙin basasar Sin, kamfanin Great Wall mai ra'ayin gurguzu ya ɗauke ta a 1951, amma ko fim ɗaya ba ta yi masa ba. Sai da ta koma kamfanin Yung Hwa sannan ta fito a Cui Cui (1953), wanda Yan Jun ya ba da umarni, aka kuma ciro labarin daga littafin Shen Congwen. Ta fito a matsayin jikar wani tsoho mai fito da kwalekwale, nan take sunanta ya bazu.

Abin da ya ɗaga ta sama da sa'o'inta shi ne kyautar gwarzuwar 'yar wasa ta Bikin Finafinan Asiya, wadda ta ci har sau huɗu. A nan ne ake yawan rikita shekaru, domin wasu kan rubuta shekarar fitowar fim a madadin ta kyauta. Ta ci da Jin Lianhua a 1957, da Diao Chan a 1958, da Qianjiao Baimei a 1961, sai Bu Liao Qing a 1962, duk da cewa shi wannan na ƙarshen a 1961 ya fito. Na farkon na kamfanin MP&GI ne, sauran ukun na Shaw, wato ta yi wa manyan abokan gogayya biyu aiki a daidai lokacin da takararsu ta yi zafi.

A ganina, Jiangshan Meiren (1959) na darakta Li Han-hsiang ya fi waɗannan nauyi, ko da yake bai kawo mata kyauta ba. Shi ya kafa finafinan waƙa na salon Huangmei a kasuwa. Muryar da ake ji a waƙoƙinsa ba tata ba ce: Tsin Ting ce ta rera, kamar yadda masu kallon finafinan Indiya da na Kano suka saba gani. Haka ma waƙar Bu Liao Qing, Koo Mei ce ta yi ta. Gwanintar Lin Dai tana ga fuska da ido da motsin jiki.

Ta auri Long Shengxun, ɗan tsohon gwamnan Yunnan Long Yun, a 1961. Ranar 17 ga Yuli, 1964, ta kashe kanta a gidanta, tana da shekara 29. Ta bar fim ɗin Lan yu Hei ba a gama ba, aka ƙarasa shi da wata mai kama da ita, ya fito a 1966.