Tsofaffin Hotunan Majigi a Matsayin Hujjar Tarihi: Nazari daga Gangare, Jos

A shekarar 1939 ne Turawan Ingila suka kafa sashen finafinai na ƙasashen da suke mulka, domin tallata manufofinsu ta hanyar majigi. Hotunan haƙar kuza na wancan zamani sukan fifita injuna da arzikin kamfanoni; leburori kuwa, irin waɗanda suka raya unguwar Gangare, ana ganinsu amma ba a jin bakinsu. Tun rikicin Jos na 2001, taƙaddamar ɗan ƙasa da baƙo ta ƙara wa waɗannan hotuna nauyi. Don haka wajibi ne mai shirya fim ɗin tarihi, in ya shiga ma'adanar Hukumar Finafinai ta Nijeriya da ke Jos, ya binciki wanda ya ɗauki hoto da manufarsa, sannan ya auna shi da ruwayoyin dattawa.