Ƙauyen Fim na Ƙofa da Darasin Kyamarar da Ba a Fara Ba

Wani mai karatu daga Bebeji ya tambaye ni: me aka so ginawa a Ƙofa a 2016 har Kano ta ɗauki zafi haka?

A watan Yulin shekarar ne Hukumar Fina-finai ta Nijeriya ta bayyana shirin gina ƙauyen fim a garin, kan kuɗi kimanin naira biliyan 3. Ɗan majalisar Kiru da Bebeji, Abdulmumin Jibrin, ɗan garin, shi ne ya tsaya wa aikin. Malamai suka hau mumbari suka ce matattarar baɗala za a kafa, kafin wata ya ƙare gwamnatin Buhari ta janye.

Wasu sun ɗora abin kan siyasa, ganin a kwanakin ne Jibrin ya shiga rigimar cushen kasafin kuɗi da shugabannin majalisa. Ni dai na fi karkata ga masu cewa rashin shawara ne ya kashe aikin. An yi wa jama'a zancen otal da kantuna, ba a zauna da malamai da iyaye an fayyace musu cewa akwai cibiyar koyar da ɗaukar hoto a ciki ba.

Ita wannan sana'a sai an durƙusa mata. Misali, mai ɗaukar hoto Kazuo Miyagawa, haifaffen Kiyoto a Japan a 1908, ya shiga kamfanin Nikkatsu a 1926, daga ɗakin wanke fim ya fara kafin ya taɓa kyamara. A fim ɗin Rashomon na 1950 ya ɗaga kyamara ta dubi rana ta tsakanin ganyayen daji, abin da masu ɗaukar hoto ke gudu a lokacin. Da madubi ya riƙa karkato hasken rana zuwa fuskokin 'yan wasa, aka kuma zuba baƙin tawada a ruwan da ake fesawa don ruwan sama ya fito a hoto. Fim ɗin ya lashe babbar kyautar bikin fina-finai na Benis a 1951, duniya ta haddace sunan darakta Kurosawa, amma idon na Miyagawa ne.

Mu kuwa tun fim ɗin Turmin Danya a 1990, yawancin masu riƙe mana kyamara a wurin ɗaukar fim suka koya, yaro na bin ubangidansa da kaya. Sun yi ƙoƙari matuƙa. Makarantar da za ta ƙara musu sani kan haske da inuwa a ƙofar gida, ita ce ta tsaya a takarda a Ƙofa.