Daga Iko zuwa Shaida: Sarautar Dagaci a Darmanawa

Darmanawa, ɗaya daga cikin mazaɓu goma na Ƙaramar Hukumar Tarauni, ƙauye ne da birnin Kano ya haɗiye. Inda a da ake gayya a gonakin gero da dawa, yau fuloti ne da gidajen haya, kamar maƙwabciyarta Gyadi-Gyadi. Wannan maƙala na ganin cewa sarautar dagaci a irin wannan wuri ta tashi daga iko ta koma shaida, kuma shaidar ce jarinta na ƙarshe.

Bayan Turawa sun ci Kano a 1903, sun jingina mulkinsu a kan tsanin sarki, hakimi, dagaci da mai unguwa. Ƙarfin dagaci a lokacin yana wurare biyu: shi ke tara haraji, shi ke raba gona ga baƙo. Gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya miƙa mulkin yau da kullum ga majalisun ƙananan hukumomi. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta damƙa filayen birni a hannun gwamna. A 1979 Gwamna Abubakar Rimi ya soke haraji da jangali. Cikin shekara huɗu, an zare wa sarautar ginshiƙanta.

Duk da haka, zauren dagaci bai bushe ba. Mai sayen fili a awon igiya ba ya sakin kuɗinsa sai mai unguwa ya taka iyaka da ƙafarsa, ya nuna inda tsohuwar rijiya ko kuka ta raba gonar wane da ta wane, dagaci kuma ya sa hannu. Haka mai neman takardar shaidar ɗan asali, da iyalin da rabon gado ya haɗa faɗa. Ofishin gwamnati yana da taswira, amma bai san kakan kowa ba.

Ana iya cewa wannan saura ne kawai, zai gushe idan rajistar filaye ta kankama. Akwai ƙamshin gaskiya a nan, sai dai barazanar da ta fi kusa ta cikin gida ce. Duk ranar da la'ada ta sa aka shaidi fili ɗaya ga mutum biyu, an ci amanar da ta rage wa rawani. Doka ta ƙwace iko a baya, sarautar ta rayu. In shaida ta zube, babu dokar da za ta kwashe ta.