Kazuo Miyagawa da Matsayin Mai Ɗaukar Hoto a Fim

Galibin manazarta fim sukan tsaya ga mai ba da umarni da ’yan wasa, su manta da mai ɗaukar hoto. Tarihin Kazuo Miyagawa (1908-1999), mutumin Kyoto ta ƙasar Japan, ya isa ya nuna illar yin haka.

Miyagawa ya fara da koyon zanen tawada, kana ya shiga kamfanin Nikkatsu a 1926, ya yi aikin wanke fim kafin a damƙa masa kyamara. A Rashomon na Akira Kurosawa (1950), wanda jigonsa saɓanin shaidu ne a kan kisan kai, ya fuskantar da kyamara ga rana ta tsakanin ganyaye, ya haska ’yan wasa da madubi. Haske da inuwa suka riƙa cuɗanya a fuskokinsu, watau hoton kansa yana cewa gaskiya ba ta bayyana ba. Shi ne kuma ya ɗauki Ugetsu (1953) da Yojimbo (1961).

Mu ma in an ambaci fim ɗin Shaihu Umar (1976), Adamu Halilu da Abubakar Tafawa Ɓalewa muke tunawa. Wajibi ne nazarinmu ya kai ga wanda ya riƙe kyamarar.