Idan Fim Ya Ƙi Buɗewa a Waya

A Birnin Gwari da ƙauyukan gefen dajin Kamuku sabis ba shi da tabbas, shi ya sa yawancinmu wajen masu turi muke karɓo Labarina ko Izzar So a memori. In fim ya ƙi, kar ka yi saurin gogewa, ga yadda nake bi.

Fara duba girmansa. In Xender ta katse ana cikin turawa, MP4 ba zai buɗe ba, domin sau da yawa a ƙarshensa ake ajiye bayanan da waya ke karantawa. Wannan sai an sake turo shi.

In murya na fita babu hoto, galibi H.265 ne, ya fi ƙarfin tsohuwar waya. A MX Player, mayar da HW zuwa SW. Hoto babu murya kuwa, gwada VLC, tana karanta AC3.

Memori mai FAT32 ba ya karɓar fim ɗin da ya wuce 4GB. In kuma duk abin da ka ƙara sai ya lalace, wataƙila memorin jabu ne. Kwashe hotunanka tun da wuri.

Kafin ka bar shago, ja fim ɗin har ƙarshe ka gani.