Amina: Sunan Da Ya Je Har Italiya

  Yau maganar suna za mu yi, sunan mace guda ɗaya tak, wanda in kika ƙirga gida uku daga ƙofarki da wuya ki rasa mai shi. Sunan kuwa shi ne Amina.

Bari in faɗa muku abin da ya jawo maganar. 'Yar ƙanena ce ta haihu, Allah Ya ba ta 'ya mace. Na je barka, sai na tarar da mai jego fuska a murtuke, ko kunun kanwar da aka dama mata ba ta taɓa ba. Na ce lafiya? Ta ce, "Gwaggo, wai Amina ya yi mata huɗuba da shi, sunan mahaifiyarsa. Sunan tsofaffi ne fa. Ni na so irin sunayen nan na ƙasashen waje, wanda in an kira za a waiwayo." Ban ce mata komai ba a ranar, don mai ɗanyen jego ba a ja da ita.

Washegari na shiga Babbar Kasuwar Kaduna, wadda aka sa wa sunan Sheikh Abubakar Gumi, don in haɗo kayan barka. Na san da yawanku ba ku taɓa taka ƙafa cikinta ba, sai dai aike, ko dillaliya ta shigo muku da kayanta har tsakar gida. To, a layin 'yan takalma akwai wani dattijo da nake ciniki a wurinsa, wanda ya daɗe yana zuwa Italiya sarin takalma da jakunkunan mata, irin waɗanda ake sa wa a lefe. Muna cikin ciniki na ba shi labarin mai jegon nan. Ya yi dariya har da tafa hannu. Ya ce, "Hajiya, ai in sunan waje take so ta samu. Mutumin da nake sari a wurinsa can, Bature ne Kirista, sunan 'yarsa Amina. Da na ce masa sunanmu ne, gardama ya yi mini, wai sunan kakarsa ne." Wannan magana ita ta sa na shiga bin diddigin sunan, ga kuma abin da na samo muku.

Mu fara daga tushe. Amina kalmar Larabci ce, kuma in an bi ta Larabcin sunaye biyu ne bakin Bahaushe ya haɗe su. Akwai wanda ake jan harafin farko, Aamina, ma'anarsa wadda ke cikin aminci, hankalinta kwance, ba ta tsoron komai. Akwai kuma wanda ake jan tsakiya, Amiina, ma'anarsa amintacciya, wadda in an ba ta ajiya ba ta ci. Shi ne macen Aminu, kun dai san tun kafin annabci mutanen Makka Al-Amin suke kiran Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Duka biyun daga saiwa ɗaya suka tsiro, saiwar da ta ba mu kalmomin amana da aminci da imani da mumini. Ko aminiyarki da kike gaya wa sirrinki, daga nan sunanta ya fito.

Wadda ta ɗaukaka sunan a duniya ita ce Nana Aminatu 'yar Wahabu, mahaifiyar Annabi, Baƙuraishiya daga gidan Banu Zuhra. Ku dubi rayuwarta, 'yan'uwa. Tana amarya, da ƙaramin ciki, mijinta Abdullahi ya fita fatauci, ya rasu a Yasriba, garin da ya zama Madina. Ta haihu a Shekarar Giwa, wajen 570 Miladiyya, babu miji a gefenta. Ta ba da jaririnta shayarwa ga Halimatus Sa'adiyya a ƙauye, bisa al'adar mutanen Makka. Da ya kai shekara 6 ta tafi da shi Yasriba, a hanyar dawowa ciwo ya kama ta, ta rasu a wani wuri da ake kira Abwa. Baiwar gidan, Ummu Aimana, mutuniyar Habasha, ita ta riƙo hannun maraya ta kai shi wa kakansa Abdulmuɗɗalibi. Duk ƙasar da Musulunci ya shiga, sunan wannan baiwar Allah ya bi shi. Mutanen Mali da Sanagal su ce Aminata, Turkawa su ce Emine, mutanen Bosniya su ce Emina, mu nan mu ce Amina ko Aminatu.

Da ya iso ƙasar Hausa kuwa, sai ya sami wata mai ɗaukarsa a kan doki. Tsakanin Kaduna da Zariya, a Ƙaramar Hukumar Igabi, akwai tsohon gari Turunku. Da wannan gari ake danganta Bakwa Turunku, wadda tarihin Zazzau ya ce daga gare ta aka sami Amina da ƙanwarta Zariya, wadda birnin ya ci sunanta. Littafin tarihin sarakunan Kano, wanda wani Bature mai suna Palmer ya fassara zuwa Ingilishi a 1908, ya ambaci Amina a zamanin Sarkin Kano Dauda, wato tsakanin 1421 da 1438. Wasu masana kuma suna sa zamaninta a ƙarshen ƙarni na 16. Littafin ya ce ta yi shekara 34 tana yaƙi, ta ci garuruwa har Kwararrafa da Nufe, kuma Sarkin Nufe ya aiko mata da babanni 40 da goro 10,000. Muhammadu Bello ɗan Shehu Usmanu, wanda ya zama Sarkin Musulmi a 1817, shi ma ya ambace ta a littafinsa Infaƙul Maisuri, ya ce a Atagara ta rasu. Har yau akwai tsofaffin ganuwoyi a ƙasar Hausa da ake kira ganuwar Amina. A nan Kaduna, makarantar 'yan mata ta Kakuri sunanta take amsawa, haka ma wani ɗakin kwanan ɗalibai mata a Jami'ar Ahmadu Bello. To, sunan da aka ce na tsofaffi, kun ji irin tsofaffin.

Yanzu mu ƙetare teku. Italiya ba baƙuwarmu ba ce yadda kuke zato. Taliyar da kuke murzawa a injin hannu kuna shanyawa a igiya, ana danganta sunanta da ƙasar. Fatar jar akuyarmu, wadda ake jemewa a Kano, Italiya na cikin manyan masu sayenta, don haka takalmin da kika gani a akwatin lefe ana cewa ɗan Italiya, mai yiwuwa fatarsa daga garken ƙauyenku ta tashi. Ita kuma Italiya ta daɗe da sanin Larabawa. A kudancinta akwai babban tsibiri, Sisili, wanda Musulmi daga ƙasar Tunisiya ta yau suka shiga a shekarar 827, suka ci birnin Palermo a 831, mulkinsu bai gama ƙarewa ba sai 1091. Daga baya kuma, tun daga 1704, wani Bafaranshe mai suna Galland ya fara fitar da fassarar Dare Dubu da Ɗaya, littafin ya game Turai, kuma a cikinsa akwai wata mace mai wannan suna a labarin matan nan uku na Bagadaza.

Amma abin da ya kafa sunan a kunnen mutanen Italiya shi ne wani wasan kwaikwayo. Suna da irin wasan da ake yin duk maganarsa da waƙa, suna kiransa opera. Wani gwanin kiɗa haifaffen Sisili, Vincenzo Bellini, wanda aka haifa a 1801 ya rasu a 1835, ya shirya wani mai suna La Sonnambula, wato mai tafiya cikin barci. An fara nuna shi a birnin Milan ranar 6 ga Maris, 1831, kuma sunan yarinyar da labarin ya hau kanta Amina.

Ga yadda labarin yake a taƙaice. Amina marainiya ce a wani ƙauye, wata mai injin niƙa ta rene ta. An sa mata rana da wani saurayi manomi mai suna Elvino. Ashe yarinyar tana da larurar tashi cikin barci ta yi ta tafiya ba ta sani ba, har mutanen ƙauyen suna cewa fatalwa ce ke yawo da dare cikin farin tufafi. Ana gobe ɗaurin aure wani baƙo, ɗan mai garin da ya daɗe a tafiya, ya sauka a masaukin baƙi. Cikin dare sai ga Amina ta shigo ɗakinsa ta taga, ido rufe, tana kiran sunan angonta. Baƙon ya gane barci take, ya fita ya bar mata ɗakin bai taɓa ta ba. Mutanen gari suka zo suka same ta kwance a ɗakin namiji. Ta farka tana kuka tana rantsuwa, babu wanda ya yarda sai uwar riƙonta. Ango ya fizge zobensa, ya ce wata zai aura. Baƙon ya yi bayani har ya gaji, aka ƙaryata shi. Ana cikin haka sai aka hango ta can sama, tana taka wani ruɓaɓɓen katako da ya gitta saman injin niƙa, cikin barci, in ta zame sai mutuwa. Kowa ya yi tsit har ta ƙetare. A nan gaskiya ta yi halinta, ango ya mayar mata da zobe, ta farka ta ga gari duka yana taya ta murna.

Kun ga yadda sunan ya zauna wa labarin daram. Amintacciya aka zarga da cin amana. Mu kuma mata mun san zafin wannan, don mun ga auren da ƙananan maganganu suka kashe, mun ga yarinyar da aka fasa aurenta saboda "an ce". Hausawa suka ce zato zunubi ne. Wasan ya karɓu ƙwarai, an nuna shi a Ingila da Faransa da Amurka, har gobe kuma ana nuna shi, ga shi ya doshi shekara 200.

Akwai kuma dalilin harshe. Yawancin sunayen matan Italiya da wasalin "a" suke ƙarewa, kamar Maria da Anna da Sofia. Sannan in suna son nuna ƙauna ga yarinya sai su ƙara "ina" a ƙarshen sunanta, Rosa ta zama Rosina, Angela ta zama Angelina. Don haka in suka ji Amina, sai kunnensu ya ji kamar nasu ne, mai taushi, mai sauƙin faɗa. Kuma kada ku ɗauka can ana wasa da maganar suna. A 1939, zamanin mulkin Mussolini, an yi dokar da ta hana 'yan ƙasa sa wa 'ya'yansu sunayen waje, ba a janye ta ba sai 1966. Dokar da suka yi a shekarar 2000 ta halatta sunan waje, amma ta hana sa wa yaro sunan da zai zame masa abin dariya ko abin kunya. Bayan haka, Musulmi da yawa daga Maroko da Tunisiya da Masar da Sanagal sun zauna a ƙasar sun hayayyafa, sunan ya sake shigar musu ta wata ƙofar.

A nan zan ja hankalinku kan abu guda. Kamannin sauti ba ya nufin tushe ɗaya. Sofia, sunan da ya yi shekaru yana kan gaba a sunayen jarirai mata na Italiya, daga harshen Girka yake, ma'anarsa hikima. Safiyya tamu kuwa Larabci ce, ma'anarta tatacciya, zaɓaɓɓiya. Kowanne da gidansa. Saboda haka in kin ji suna a fim ko a bakin wata ya yi miki daɗi, ki tambayi ma'anarsa kafin ki ɗora wa 'yarki. Akwai sunayen da ke yawo a gidajen suna yanzu, uwar ba ta san ma'anarsu ba, uban bai sani ba, malamin da ya raɗa ma bai sani ba. Suna linzami ne, in ji magabata, kuma kyakkyawan suna haƙƙin ɗa ne a kan iyayensa.

Na san wata za ta ce, mu da muke cikin gida ina ruwanmu, ai a ƙofar gida maza suke raɗa suna, mu sai dai mu ji guɗa. Gaskiya ne, amma wata tara cikin yana jikinki, akwai lokacin shawara da maigida cikin ladabi tun kafin ranar bakwai. Kuma ko bayan an yanka rago, sunan da zai bi yarinya a bakinki yake. Al'adarmu ce in an sa sunan suruka ko na uwa a sakaya shi, a ce Ummi ko Mama ko Walida. Kunya ce mai kyau, ban ce a bari ba. Sai dai Aminoni nawa ne suka girma a ƙarƙashin Ummi ba wanda ya taɓa zaunar da su ya gaya musu sunan wa suke ɗauke da shi? Ki sakaya a baki, amma ki ba ta labarin. Ki gaya mata akwai takwararta da ta haifi fiyayyen halitta, akwai takwararta da ta gina ganuwa, akwai kuma Amina Mohammed, 'yar arewacin ƙasar nan, wadda aka naɗa Mataimakiyar Babban Sakataren Majalisar Ɗinkin Duniya a 2017.

Ranar suna na koma gidan 'yar ƙanena da kayan barkana. Da baƙi suka ragu na zauna bakin gado na kwashe duk wannan na gaya mata. Ta yi shiru tana kallon jaririya, can ta ce, "Gwaggo, to ai ni ba zan iya kiran sunan surukata ba." Na ce wa ya ce ki kira? Yanzu dai Ummi ake ce mata a gidan, amma ranar da aka je yankar mata takardar haihuwa, uwar da kanta ta ce a rubuta Aminatu, a cika shi.

Allah Ya raya mana zuriya, Ya sa 'ya'yanmu su ci sunayensu na alheri. Masu ciki Allah Ya sauke ku lafiya, masu jego Allah Ya ba da lafiyar shayarwa, masu nema Allah Ya ba su masu albarka.