Daga Kano Zuwa Bakht er-Ruda

A shekarar 1934, zamanin Sarki Abdullahi Bayero, aka buɗe Makarantar Shari'a a Kano, aka ɗauko malamai daga Sudan domin horar da alƙalai. A 1947 ta koma Makarantar Nazarin Larabci, daga baya aikinta ya haɗa da horar da malamai.

Ƙasar Hausa ba ta taɓa rasa masana nahawu ba. Amma karatun zaure na ɗalibi ɗaya ne da littafinsa, malam yana fassara masa kalma bayan kalma. Wanda ya yi ƙaranci shi ne malamin da zai tsaya gaban aji guda, da alli a hannu da ƙayyadadden lokaci, ya sa yara su buɗe baki su yi Larabci.

Don haka a tsakiyar shekarun 1950 aka tura wasu matasan malamai ƙaro ilimi, cikinsu har da Abubakar Gumi da Shehu Galadanci. Azhar ce ta fi kwanta wa ɗalibai a rai, sai dai Turawan mulki suna ɗari-ɗari da Masar ta Jamal Abdunnasir. Aka zaɓi Bakht er-Ruda, cibiyar horar da malamai da V. L. Griffiths ya kafa kusa da Duwaim, a bakin Farin Nilu.

Siyasa ce ta yi zaɓin, amma ya dace da buƙata: a can ana rubuta littafin darasi, a gwada shi a kan yara, a gyara, kafin a raba wa makarantu. Galadanci ne ya zama shugaban Jami'ar Sakkwato na farko.